Bature da dutsen zinari: gaskiyar abin da ya faru a Hill End a 1872

Malam, ka tambaye ni game da wani tsohon hoto da ke yawo a wayoyin mutane. Wani Bature ne mai gemu ya dafa wani dogon dutse da ya kai masa kafaɗa, aka rubuta a ƙasa wai shi ne ya tono curin zinari mafi girma a duniya. Kana son sanin ko gaskiya ne, wane ne mutumin, kuma ina zinarin yake a yau. Na san hoton sarai, domin na daɗe ina nuna wa ɗalibaina shi idan muka zo darasin yadda zinari yake kwanciya a cikin ƙasa.

Mutumin sunansa Bernhardt Otto Holtermann, Bajamushe ne ɗan ci-rani. Dutsen kuwa an ciro shi ne ranar 19 ga Oktoba, 1872, daga wani rami mai suna Star of Hope a tudun Hawkins, gefen garin Hill End da ke jihar New South Wales a ƙasar Ostareliya. Nauyinsa kilo 286, tsawonsa ya kusa mita ɗaya da rabi, faɗinsa santimita 66, kaurinsa wajen santimita 10. Duk wannan gaskiya ne, ba a yi ƙari ba. Amma rubutun da ke ƙarƙashin hoton ya zame a wurare uku, kuma na farkon ne ya fi damun mai sana'a irin tawa.

Abin da Holtermann ya dafa ba curin zinari ba ne. Mahaƙa sun raba zinari gida biyu. Akwai wanda ruwa ya riga ya yi wa aiki: dutsen da ke riƙe da shi ya ruɓe tun shekaru dubbai, zinarin ya saki, ruwa ya gangaro da shi ya ajiye a cikin yashin rafi ko a ƙarƙashin ƙasar sama. Wannan shi ake wankewa da kasko, kuma idan aka dace da dunƙule babba a cikinsa, shi ake kira curi. Akwai kuma wanda har yanzu yana maƙale a jikin uwarsa, wato a cikin jijiyar farin dutsen nan mai ƙyalli kamar ƙanƙara da ke ratsa sauran duwatsu. Wannan sai an bi shi da rami, a fasa da nakiya, a ɗebo, a daka. Na Hill End irin na biyun ne. Falle ne na farin dutse da baƙin dutse mai ɓarewa falle-falle, zinari ya ratsa shi ko'ina kamar kitse a jikin nama. An ƙiyasta zinarin da ke ciki ya kai oza 3,000, wato kilo 93, kusan kashi ɗaya cikin uku na nauyin dutsen.

Kada kilo 93 ya sa ka zaci wani tulin abu ne. Zinari ya ninka ruwa nauyi sau 19 da ɗoriya, saboda haka da za a narke shi duka a zuba a mazubi ɗaya, ba zai cika galan mai cin lita 5 ba. Sauran girman da kake gani a hoton dutse ne. Duk da haka, ba a taɓa ciro dunƙule guda ɗaya mai ɗauke da zinari haka daga ƙasa aka auna shi ba, kafin wannan ko bayansa. An yi masa kuɗi fam 12,000 na Ingila. A lokacin ma'aikacin rami yana samun abin da bai wuce fam 3 ba a mako, ka ga ke nan kuɗin dutsen ya haura albashinsa na shekara 70.

Idan curi na ainihi kake nema, sai ka koma baya da shekara uku, ka gangara kudu zuwa jihar Victoria, a Ostareliyar dai. Ranar 5 ga Fabrairu, 1869, wasu 'yan ci-rani biyu daga yankin Cornwall na Ingila, John Deason da Richard Oates, suka ci karo da shi a Moliagul, a gindin wata bishiya, ƙasar da ta rufe shi ba ta kai tsawon ɗan yatsa ba. Shi aka sa wa suna Welcome Stranger, wato maraba da baƙo. Da suka kai shi banki a garin Dunolly, babu sikelin da zai ɗauke shi, sai da maƙeri ya sare shi gida-gida a kan uwar maƙera. Ya ba da tataccen zinari kilo 70 da ɗoriya, aka biya su sama da fam 9,000. Shi ne curi mafi girma da tarihi ya sani. Shi ma an narke shi. Cikin manyan da suka tsira daga wuta, wanda ya fi nauyi shi ne wanda aka samu a Serra Pelada ta ƙasar Brazil a 1983, mai kilo 60 da ɗan kai, yana ajiye a gidan tarihin babban bankin ƙasar.

Wuri na biyu da rubutun ya zame shi ne cewa Holtermann ne ya tono. A nan sai na ɗan ba ka tarihinsa, don kada in rage masa abin da yake haƙƙinsa.

An haife shi a Hamburg ranar 29 ga Afrilu, 1838. Yana ɗan shekara 20 ya bar gida don guje wa aikin sojan dole, ya hau jirgin ruwa, ya sauka Ostareliya a 1858. A lokacin ƙasar tana cikin zazzaɓin zinari. Tun da labari ya fashe a 1851 cewa an samu a kusa da garin Bathurst, mutane suka dinga kwararowa daga Ingila, Ailan, Jamus, Amurka da Sin, har yawan jama'ar da ake ƙidayawa ya tashi daga wajen 430,000 a 1851 zuwa sama da miliyan ɗaya a 1861. Holtermann bai zo da jari ba. Ya yi aikin raba abinci a otal, ya yi aiki a jirgin ruwa, duk abin da ya samu. A Sidni ya haɗu da wani ɗan ci-rani irinsa mai suna Louis Beyers, suka ƙulla abota, a 1861 suka nufi yankin Tambaroora da Hill End suka kama fili a tudun Hawkins.

Shekara goma suka yi suna haƙa ba su ga abin a-zo-a-gani ba. Wannan shi ne ɓangaren da masu yaɗa hoton ba sa faɗa, kuma ni shi ya fi burge ni. Haƙar jijiya tana cin kuɗi kullum: albarushi, katakon tokare rami, kyandir, igiya, ladan ma'aikata. Idan aljihu ya bushe, sai Holtermann ya fita ya nemi wata sana'ar, ya tara, ya dawo ya zuba a rami. Har otal ya riƙe a garin. Suka riƙa shigo da abokan tarayya, wasu su gaji su sayar da kasonsu su tafi. A 1868 shi da Beyers suka auri 'ya'yan gida ɗaya, Harriett da Mary Emmett, a rana ɗaya a Bathurst, abota ta koma zumunta. Sai a 1871 ramin ya faɗa kan jijiya mai albarka. Daga nan aka mayar da harkar kamfani mai hannun jari, Holtermann ya zama manajan rami kuma ɗaya daga cikin manyan masu hannun jari.

To, a daren da abin ya faru, ma'aikatan dare ne ke ƙasa. Sun tayar da nakiya, da hayaƙi ya lafa wajen ƙarfe biyu na dare, suka haska bangon ramin suka ga yana walƙiya. Su suka ɓanɓaro fallen a hankali don kada ya karye, su suka yi dabarar fito da shi sama, abu mai nauyin buhun masara kusan uku ta cikin rami mai ƙunci. Dutsen mallakar kamfani ne, ba na mutum ɗaya ba, shi ya sa waɗanda suka san tarihin suke kiransa da sunan Beyers da Holtermann tare. Amma a bakin duniya sunan mutum ɗaya ya zauna. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Wannan ba sabon abu ba ne a filayen zinarin Ostareliya. Edward Hargraves ne ya karɓi lada da suna a matsayin wanda ya gano zinari a 1851, alhali John Lister da 'yan gidan Tom, waɗanda ya koya wa wanki ya tafi ya bari, su suka samo zinarin da ya isa a kira shi samu. A cikin wannan shekarar kuma, ba nisa da Hill End, wani makiyayi ɗan asalin ƙasar, daga mutanen da Turawa suka tarar suka ƙwace wa filaye, ya nuna wa maigidansa wani dutse mai zinari kusan kilo 40. Har yau sunan maigidan, Dakta Kerr, ake kiran dutsen da shi. Hill End kanta a ƙasar kabilar Wiradjuri take. Sinawa ma sun yi yawa a Tambaroora, suna bin wuraren da Turawa suka bari suna sake wankewa, ga tsangwama, ga dokar da aka kafa a 1861 don rage shigowarsu. Idan ana ba da labarin ɗan ci-ranin da ya yi sa'a, ya kamata a tuna ba kowane baƙo aka buɗe wa ƙofa iri ɗaya ba.

Yanzu ga amsar tambayarka ta ƙarshe, ina zinarin yake. Babu shi a matsayin dutse. Holtermann ya so ƙwarai a bar shi yadda yake, har ya nemi ya saye shi da kuɗinsa, kamfanin ya ƙi. Aka ɗauki hotonsa, mutane suka yi kallo na ɗan lokaci, sannan aka haɗa shi da sauran duwatsun ramin aka kai injin daka. Injin nan turmi da taɓarya ne, sai dai na ƙarfe, kuma tururi ke juya shi. Taɓare a jere, kowace ta kai nauyin buhun hatsi uku ko fiye, suna tashi suna faɗuwa dare da rana, ruwa yana bi yana kwashe garin dutsen ya bi da shi ta kan faranta na tagulla da aka shafe da zaiba. Zaiba tana kama zinari ta bar yashi ya wuce. Sai a kankare, a matse, a gasa a tukunyar ƙarfe mai bututu, zaibar ta tashi ta bar zinarin a dunƙule. Daga nan sai banki, sai gidan buga kuɗi. Zinarin New South Wales na wancan zamani galibi tsabar kuɗi ya koma, ya watsu a duniya. Ni a wajena wannan asara ce babba. Zinari kilo 93 ana iya tara shi daga ko'ina, amma falle guda da ke nuna yadda zinari ya ratsa jijiya da irin wannan yawa, da yana nan da masana sun koyi abubuwa da yawa daga gare shi.

Wanda ya san ƙauyukan haƙar zinari na Zamfara ba zai ga baƙon abu a wannan aikin ba, domin hanyar ɗaya ce: a fasa dutse, a niƙa, a wanke, a kama da zaiba, a ƙona. Kuma haɗarin yana wurin niƙan da ƙonawar. A 2010 ƙurar dutsen da ake niƙawa cikin gidaje a yankunan Anka da Bukkuyum, wanda Allah ya sa yana ɗauke da dalma mai yawa, ta kashe yara sama da 400. Hayaƙin zaiba kuwa yana lalata ƙwaƙwalwa da jijiyoyi a hankali, ƙurar farin dutse tana cinye huhun mahaƙi. Duk mai kallon hoton Holtermann yana jin sha'awar shiga rami, ya haɗa da wannan a lissafinsa.

Saura wuri na uku, wanda yawanci yake ba mutane mamaki. Holtermann bai tsaya kusa da dutsen an ɗauki wannan hoton ba. Haɗi ne na hotuna uku. An ɗauki dutsen shi kaɗai a Hill End kafin a daka shi. Bayan shekaru, a Sidni, aka ɗauki Holtermann a tsaye ya ɗora hannu a kan wani ƙarfen tokari. Aka ɗauki barandar gidansa. Sai aka yanka aka haɗa su, hannunsa ya sauka daidai kan dutsen da tuni ya zama gari. Ka ga tun da daɗewa kafin zuwan kwamfuta ana wannan dabarar. An yi haɗin ne don a samu samfurin da za a zana tagar gilashi mai launi a hasumiyar gidansa, daga baya kuma ya yi ta amfani da hoton a talla, har a kan kwalbar wani maganin da yake sayarwa da sunansa. Mutum ne da ya san darajar a san shi, kuma bai ɓoye hakan ba.

Da a nan labarin ya tsaya, da sai in ce maka mutum ne da ya yi haƙuri, ya yi sa'a, ya kuma iya tallar kansa. Amma abin da ya yi da dukiyar shi ne dalilin da ya sa nake ganin sunansa ya cancanci zama.

A 1872, lokacin da Hill End take tashe, mutanenta sun kai wajen 8,000, ga bankuna, ga jaridu, ga mashaya kusan 28, wani mai ɗaukar hoto mai yawo, Beaufoy Merlin, ya zo da mataimakinsa matashi Charles Bayliss. Sana'arsu ita ce su bi titi gida-gida, shago-shago, su ce wa masu wurin su fito ƙofa, su ɗauka, su sayar musu da ƙaramin kati. Haka suka yi a Hill End, haka suka yi a Gulgong, wani garin haƙar zinarin. Holtermann ya ga aikinsu, sai wani tunani ya zo masa. Shi ya zo ƙasar nan ba shi da komai ya samu, yana so mutanen Turai su ga yadda wurin yake don su ma su zo. Gani ya kori ji. Sai ya ɗauki nauyin Merlin ya zaga garuruwan New South Wales da Victoria ya ɗauko su a hoto, don a kai baje koli ƙasashen waje. Merlin ya rasu a 1873, Bayliss ya ci gaba.

Ka san irin wahalar ɗaukar hoto a lokacin kuwa? Babu fim. Farantin gilashi ake shafa wa wani ruwa mai danƙo, a tsoma shi cikin ruwan sinadarin azurfa a cikin duhu, a sa a kyamara yana jiƙe, a ɗauka, a wanke nan take kafin ya bushe, duka cikin minti goma zuwa sha biyar. Saboda haka ɗakin duhun a kan keken doki yake, duk inda aka je da shi ake zuwa. Kuma ba a iya faɗaɗa hoto yadda ake yi yanzu. Girman gilashinka, girman hotonka. Holtermann ya bar Hill End, ya gina katafaren gida a 1874 a tudun arewacin tashar jiragen ruwan Sidni, da hasumiya mai tsawon wajen mita 27. A 1875 shi da Bayliss suka mayar da ɗakin ƙolin hasumiyar ya zama kyamara sukutum, suka ɗauki birnin da tasharsa a kan gilasai waɗanda mafi girmansu ya kai kusan mita ɗaya da rabi a tsawo, kusan mita ɗaya a faɗi. Ka yi tunanin shafa ruwa mai saurin bushewa a kan gilashi mai girman ƙyauren ɗaki, ya kwanta bai-ɗaya ba tabo, a saman hasumiya. Su ne mafi girman irinsu da aka yi a wancan ƙarni. Ya ɗauki hotunan ya kai baje kolin Filadelfiya a Amurka a 1876, ya samu lambar tagulla, ya kai na Faris a 1878, ya samu ta azurfa.

Bayan haka ya shiga kasuwanci iri-iri, ya kuma shiga siyasa, ya wakilci mazaɓar St Leonards a majalisar New South Wales a shekarunsa na ƙarshe. Bai yi tsawon rai ba. Ya rasu ranar 29 ga Afrilu, 1885, ranar da ya cika shekara 47 cif. Beyers kuwa ya zauna a Hill End, ya yi shugaban garin, ya dasa itatuwa a hanyar shiga, har yau sunansa hanyar take amsawa.

Gilasan sai suka ɓace daga idon duniya shekara sittin da wani abu. A 1951 wani editan mujallar hoto mai suna Keast Burke ya bi sawu har ya gano su a wani ɗan ɗakin ajiya a bayan gidan iyalan Holtermann a unguwar Chatswood ta Sidni, faranti wajen 3,500, jere cikin akwatuna. Iyalan suka ba da su kyauta ga babban ɗakin karatu na jihar. Da aka zo aka kwafe su da na'urorin zamani, sai aka ga abin da ko masu ɗaukar ba su gani ba, domin gilashin jiƙe yana riƙe bayani fiye da yadda takardar wancan lokaci take iya fitarwa. Ana karanta sanarwar da aka manna a bangon shago, ana ganin kayan da ke cikin taga, da taɓon da ke takalmin yaro, da fuskar matar da ta fito ƙofar bukkar ɓawon itace da 'ya'yanta sanye da kayansu mafi kyau. Wanda ya motsa lokacin ɗauka sai ya fito kamar inuwa. Ga maƙera, ga mahauta, ga masu wanki, ga shagunan Sinawa, ga ma'aikatan rami tsaye a bakin ramukansu. Irin mutanen da suka ciro dutsen nan da daddare, waɗanda tarihi bai damu da sunayensu ba, a nan aka adana kamanninsu. Garuruwan zinari kaɗan ne a duniya suka samu irin wannan gata. Lokacin da Ostareliya ta fito da takardar dala 10 ta farko a 1966, gine-ginen Gulgong da ke bayanta daga waɗannan hotuna aka zano su, kuma hukumar UNESCO ta sa manyan gilasan tashar Sidni cikin kundinta na abubuwan tarihin duniya.

Gidan Holtermann ya zama makarantar sakandare ta maza da ake kira Shore, kuma tagar gilashin nan mai hotonsa da dutsen tana can. Hill End kuwa tashenta bai daɗe ba. Kafin ƙarshen shekarun 1870 jijiyoyin sama sun ƙare, kamfanoni da yawa da aka kafa kan zaton banza sun rushe, jama'a suka watse. Yau mazaunanta ba su kai 200 ba, kuma tun 1967 hukuma ta mayar da ita wurin tarihi. Idan ka bi titunanta za ka tarar da filaye fayau inda dā shaguna suke, a gaban da yawansu an kafa ɗan allo ɗauke da hoton da Merlin ya ɗauka a daidai wurin a 1872, da mai shagon tsaye a ƙofarsa.